Kawu Doro, Mutumin Brazil da Ya Tsince Ni a Jakarta

Ba a Turai jirgin ya sauke mu ba. A Bankok ta ƙasar Tailan ya sauke mu, cikin wani zafi mai damshi da ya manna mini riga a baya tun kafin mu fita daga filin jirgin. Ni ɗan Garwa ne, na san zafi, amma namu busasshe ne, ya ƙona ka ya sake ka. Wannan kuwa rungume mutum yake yi.

Sunana Hamza. Mahaifina mahauci ne a babbar kasuwar Garwa, kamar yadda kakana ya yi tun zuwansa daga ƙasar Kano. Ni kaɗai ne a gidanmu na ajiye wuƙa na bi ƙwallo. A shekarun nan da suka biyo bayan karya darajar kuɗinmu na sefa, duk saurayin da ƙafarsa ta iya ƙwallo a arewacin Kamaru burinsa ɗaya ne, ya fita waje. Wani dillalin 'yan wasa daga Duwala, muna ce masa Mesiye Kilod, ya kalle ni a wani wasa, ya zo har rumfar Baba ya ce zai kai ni Faransa, amma sai mun biya ta Asiya na yi suna tukuna. Baba bai so ba. Duk da haka ya sayar da bijiman da yake turkawa domin Babbar Sallah, ya miƙa wa mutumin kuɗin.

Mu biyu Mesiye Kilod ya kwaso daga arewa: ni ɗan tsakiya, da Bulus, wani dogon mai tsaron gida daga Mokolo. Bulus Kirista ne, Hausarsa ta kasuwa ce, sai mu haɗa da Fillanci da Faransanci mu fahimci juna.

A Bankok aka zuba mu a wani ɗaki a saman shagon gyaran babura, tare da wasu 'yan Afirka da suka riga mu zuwa. Da na ga yadda suke kallonmu, ba maraba ba tsana, sai na gane su ma irin alkawarin nan aka yi musu. Gwajin da aka yi mana alkawari kuwa, ashe da ma'aikatan wata masana'antar takalma za mu buga, a fili mai taɓo, babu koci babu kowa. Na ci ƙwallo biyu ina waige-waige, ina neman wanda zai rubuta sunana. Babu.

Abinci ma ya zame mini wahala. Ban san wane nama ake sa wa a miya ba, ban kuma iya tambaya ba, sai na koma shinkafa da ƙwai. Bulus ya riƙa yi mini dariya.

"Ɗan mahauci ba ya cin nama! In na koma Mokolo na faɗa, ba wanda zai yarda."

Da bizarmu ta kusa ƙarewa, Mesiye Kilod ya ce Tailan ba ta san darajar ƙwallo ba, Indonesiya ce ake neman 'yan Kamaru ruwa a jallo. Muka sake hawa jirgi zuwa Jakarta. Ya kama mana ɗaki a wani lungu, ya ba mu fasfo ɗinmu, ya ce zai je wani gari ya gana da shugaban wata babbar ƙungiya, ya dawo da kwantiragi. Ya daki kafaɗata, ya ce in riƙa gudu da safe kada ƙafa ta yi nauyi. Ganina da shi na ƙarshe ke nan.

Mun jira har jira ya gaji da mu. Matar da ke da gidan ta yi haƙuri iya haƙurinta, rannan muka dawo muka tarar da jakunkunanmu a bakin ƙofa. Muka ɗauka muka bi titi, ba mu san inda muka nufa ba. Ana cikin haka na ji kiran sallar Azahar daga wani ƙaramin masallaci. Tunda na bar gida, wannan ne karon farko da na ji magana na gane kowace kalma a cikinta. Na bar Bulus da kaya a inuwa, na shiga na yi alwala.

Da aka idar, ladanin, wani ɗan tsamurmurin tsoho mai baƙar hula, ya riƙe hannuna bai sake ba. Ba ya jin yarena, ba na jin nasa. Ya nuna ni ya ce, "Afrika?" Na gyaɗa kai. Ya leƙa waje ya ga Bulus zaune a kan jaka, da gicciye a wuyansa. Sai ya je ya buɗe ɗakin da ake ajiye tabarmi da tsintsiya, ya yafito mu, mu duka biyu. Nan muka zauna. Da safe mu share masallaci mu wanke wurin alwala, matan unguwa su aiko da shinkafa a ƙunshe cikin ganyen ayaba. Bulus ya fi ni iya shara, har tsohon ya riƙa nuna mini shi yana girgiza kai.

Abin da ya fi yunwa cin raina shi ne tsoro. Bizarmu ta mutu. In muka hango ɗan sanda sai mu sake hanya. Mun ji labarin waɗanda aka kama aka tsare, ba wanda ya san ranar fitowarsu. Kewar gida kuwa ba a manyan abubuwa take kama ni ba. Sai in tuna ƙarar wuƙar Baba a kan dutsen wasawa, ko Inna tana gaida maƙwabciyarmu da Fillanci, "Jam na?", ta saman katanga, ko sanyin da ke tasowa daga kogin Binuwai in mutum ya tsaya a kan gada da la'asar.

Akwai wani fili kusa da babban filin wasan birnin inda 'yan Afirka irinmu, waɗanda dillalai suka zubar, ke haɗuwa da sassafe su yi atisaye. Kowa na buga wa kansa ne, don wani lokaci masu neman 'yan wasa kan zo su tsaya a gefe. Ba mai ba wani ƙwallo. A nan na fara ganin Kawu Doro.

Baƙi ne kamarmu, gashinsa ya fara furfura, yana ɗingisa ƙafar hagu. Ya zo safiya ɗaya, ya sake zuwa, ya kuma zuwa, yana zaune a kan bokitin da ya kifa. Rannan bayan an tashi ya kira ni da Faransanci mai wani irin lanƙwasa.

"Kai, mai jan wando. Wa ya biyo ka?"

Na ce ban gane ba.

"Tun da aka fara kake gudu kamar an biyo ka da sanda. Ƙwallo ta fi ka gudu, ɗana. Bar ta ta yi aikinta." Ya kalli ƙafafuna, sannan ya kalli idona. "Yaushe rabonka da nama?"

Sunansa Teodoro, mutumin Brazil ne, amma kowa Doro yake ce masa. Na kasa riƙe dariya, na gaya masa abin da doro ke nufi a Hausa. Ya shafa bayansa ya ce to ai ba a yi ƙarya ba, shekaru sun fara fito masa da shi. Daga ranar na sa masa Kawu Doro. Ya daina wasa, yanzu mataimakin koci ne a wata ƙaramar ƙungiya ta rukuni na biyu a gabashin tsibirin Jawa, kuma ɗan tsakiya suke nema.

Na ce masa mu biyu ne. Ya kalli Bulus ya tsare raga, ya yaba masa da gaske, amma bai yi mana ƙarya ba: ƙungiyoyin nan ba sa ɓata gurbin baƙo a kan mai tsaron gida. Bai tafi ya bar shi haka ba. Ya kai shi wata majami'a inda ya san limamin, suka yi ta shiga da fita har aka samar masa hanyar komawa gida ba tare da an tsare shi ba. Ranar da za mu rabu a tashar jirgin ƙasa, Bulus ya rungume ni ya ce da Fillanci in buga na mu biyu. Ya ce zai biya ta Garwa ya gaya wa Baba ya gan ni da ƙafafuna lafiya. Ya kuwa cika.

Jirgin ƙasan ya ratsa gonakin shinkafa kore shar, da duwatsu masu hayaƙi a ka. Ina jikin taga ina kallo, Kawu Doro yana barci da baki buɗe. Ban san mutumin nan ba, kuma an riga an cuce ni sau ɗaya. Na ƙulle fasfona a cikin wando, na yi ta addu'a.

Gidansa ƙarami ne, gabansa rumfar abinci ce da matarsa ke riƙe da ita, wata 'yar Jawa mai fara'a da na riƙa kira Inna Sari. Abincin farko da ta ajiye mini, na buɗe kwano na tsaya. Shinkafa da wake ne, an barbaɗa garin rogo soyayye a kai.

"Garau-garau!" na ce.

"Abincin ƙasarmu ne," in ji Kawu Doro. "Ni na koya mata."

"Abincin ƙasarmu dai."

Muka yi ta gardama, Inna Sari tana kallonmu tana dariya, ba ta san abin da muke cewa ba. Na cinye har da kankare kwano.

Maganar takarduna shi ya tsaya a kai. Ya kai ni ofishin shige da fice da kansa, ya zauna kusa da ni, ya yi magana da yarensu cikin ladabi har aka yanke tara, ƙungiya ta ɗauki nauyi, aka fitar da ni ƙasar da ke maƙwabtaka na dawo da biza mai kyau. Da aka kawo kwantiragi bai bar ni na sa hannu ba sai da ya fassara mini layi bayan layi. Ya ce shi ya taɓa sa hannu a takardar da bai karanta ba, ta ci masa shekara biyu na ƙuruciyarsa.

A hankali, kan kwanon shinkafa da wake, na riƙa jin tarihinsa guntu-guntu. Yana ɗan shekara goma sha tara aka kai shi Fotugal. Ya zaci tunda yarensu ɗaya zai ji kamar gida, sai ya tarar ana kwaikwayon maganarsa ana dariya. Daga can aka sayar da shi Beljiyam, inda ya koyi Faransanci da kuma buga ƙwallo a kan ƙanƙara da yatsun ƙafa a sandare. Nan ya yi tashensa. Ya ce akwai kakar wasan da in ya karɓi ƙwallo a tsakiya, filin gaba ɗaya kan miƙe tsaye. An fara maganar wata babbar ƙungiya na zawarcinsa, sai wani ɗan baya ya shigo masa ta gefe, gwiwar hagu ta tafi. Bayan aiki da jinya ya dawo, amma ba shi ne na da ba. Daga nan sai gangara: Tunisiya, Japan a rukuni na ƙasa, Malesiya, sannan Indonesiya, inda ya ƙarasa da dabara abin da ƙafa ta kasa.

"Na ga duniya ta tagar motar ƙungiya," in ji shi. "Ka tambaye ni filin wasa na kowane gari, zan gaya maka inda rami yake. Amma kada ka tambaye ni garin."

Horon da ya ba ni ba na gudu ba ne. Sai ya tsayar da ni a tsakiyar fili, ya ce kafin ƙwallo ta iso in waiga sau biyu, in gaya masa launin rigar wanda ke bayana. In na riƙe ƙwallo fiye da taɓawa biyu, ya busa usur ya mayar da ni farko. Na ji haushinsa ba sau ɗaya ba. Har na taɓa ce masa a Garwa ba a taɓa ƙwace ƙwallo a ƙafata ba.

"Shi ya sa kake nan, ba a Faransa ba," ya ce, ya jefo mini wata.

Wasana na farko a filin abokan hamayya muka buga shi. Duk sanda na taɓa ƙwallo, sai wani ɓangare na 'yan kallo su riƙa kukan biri. Jinina ya hau, na yi wa wani shigar da ta jawo mini katin gargaɗi. Da aka tafi hutun rabin lokaci Kawu Doro ya ja ni gefe.

"A Turai ayaba aka jefe ni da ita. Na yi faɗa, aka kore ni daga fili, suka tafi gida suna murna. So suke ka fita. Kada ka ba su."

Na koma na yi abin da ya koya mini. Ana dab da tashi na waiga kafin ƙwallo ta iso, na ga ɗan gabanmu ya zille, na tura masa da taɓawa ɗaya. Ya zura. Filin ya yi tsit. Da na kalli benci, na ga tsohon nan yana tsalle da ƙafa ɗaya.

Babbar Sallah ta same ni a can. Mutanen unguwa suka haɗa dabbobin layya a harabar masallaci, na ga suna fama da wani sa, sai hannuna ya yi ƙaiƙayi. Na karɓi wuƙa. Da yamma na nemo gyaɗa na soya na daka, na haɗa da barkono da citta, na yi tsire. Kawu Doro kuma ya ce shi zai nuna mana gashin Brazil, gishiri kawai da wuta. Aka jera, unguwa ta yi alƙalanci. Tsirena ne ya fara ƙarewa. Ya ce an yi masa maguɗi ne don ni Musulmi ne. Tun daga ranar yaran unguwa suka daina gudu in sun gan ni, dattawa kuma suka riƙa kirana da sunana.

A kakar wasa ta biyu na zama ɗan wasan da ba a ajiyewa a benci. Ƙungiyarmu ta kai matakin da in muka ci sauran wasannin za mu hau rukuni na ɗaya. An fara cewa wata ƙungiya daga babban birni ta aiko a kalle ni. Abin da na baro gida domin sa ya zo dab da hannuna.

Sai wata Juma'a na je shagon waya na kira shagon maƙwabcinmu a Garwa, kamar yadda na saba. Maimakon Baba, sai na ji muryar yayana Sule.

"Hamza, ka yi haƙuri. Baba ya faɗi a kasuwa. Ɓarin jikinsa na dama ya shanye, yana kwance a lopital, a hannun likitoci. Ba ya magana sosai."

"Yaya, gaya mini gaskiya."

"Gaskiyar ke nan. Likita ya ce sai addu'a. Inna ta ce kada a gaya maka, ni ne na ga bai dace ba."

Na je wurin shugaban ƙungiya na roƙi izini. Ya yi mini jaje, sannan ya ce in bari a gama wasannin. In na tafi yanzu, kwantiragi ya mutu, kuma zai ɗauko wani a gurbina. Ban ga laifinsa sosai ba, shi ma gari ne a kansa.

Na dawo na zauna a bayan rumfar Inna Sari, na kasa cin abinci. Kawu Doro ya jawo kujera ya zauna, ya miƙe ƙafarsa mai ciwo. Na zaci zai ce in daure, don shi ma hawan nan zai ɗaga darajarsa, kuma shi ya kawo ni.

"Ina Beljiyam," ya ce, "a kakar nan da na gaya maka, ƙanwata ta kira ta ce mahaifiyarmu ba lafiya. Muna da wasan kusa da na ƙarshe na kofi. Na ce bari in buga wannan, in taho. Muka ci. Na ce to saura na ƙarshe. Aka binne ta ina otal ina jiran wasa." Ya murza gwiwarsa. "Mun ci kofin. Ban san inda lambar yabon take ba yanzu. Ƙanwata ta ce mini a waya, tunda ban zo ba, ba sai na zo ba. Na riƙe maganar. Tun daga lokacin ban sake taka Brazil ba."

"Kawu, in na tafi, duk wahalar da ka yi a kaina fa?"

"Na koya maka ka waiga kafin ƙwallo ta iso. To waiga. Tashi ka haɗa kayanka."

Shi ya raka ni har filin jirgi. Inna Sari ta cusa mini ƙunshin magungunan gargajiya na shafawa, ta yi ta nuna mini da hannu yadda za a murza wa Baba.

Daga Duwala na bi jirgin ƙasa zuwa Ngaundere, daga nan mota. Da muka hau gadar Binuwai na ga masu wanki a bakin ruwa, sai hawaye suka zubo mini, ban ma san sun taho ba. Na wuce lopital da jakata a kafaɗa. Baba yana kwance, ya rame, bakinsa ya karkace. Na durƙusa na ce, "Baba, ni ne." Ya daɗe yana kallona. Sannan ya ɗago hannun hagu ya kama kunnena ya ja, kamar yadda yake yi mini ina yaro in na gudu daga rumfa na tafi ƙwallo. Inna ta fashe da kuka da dariya a haɗe.

Baba bai mutu ba. A hankali magana ta dawo, ko da yake da nauyi, ya kuma fara takawa da sanda. Ni nake murza masa hannu safe da yamma. Hannun dama dai bai sake riƙe wuƙa ba, sai na shiga rumfa tare da Yaya Sule. Da na kira Jawa, Kawu Doro ya ce sun hau rukuni na ɗaya.

"Ka gani? Ba ma buƙatarka," ya ce, yana dariya. "Yaya tsohon?"

Ban sake fita waje ba. Na buga wa wata ƙungiya ta yankinmu wasu shekaru, da safe ina kasuwa, da la'asar ina fili. Da ƙafa ta fara nauyi na tara matasan unguwa ina horar da su. Duk wanda dillali ya zo wa, sai na zauna da iyayensa mun karanta takarda tare. Bulus ma yakan zo daga Mokolo ya duba mini masu tsaron gida.

Bayan shekaru, wata rana Kawu Doro ya kira ya ce in tanadi tsire, ga shi nan tafe da Inna Sari. Ya ce ƙungiyarsa ta aiko shi neman 'yan wasa a Kamaru, shi kuma ya ce ba zai tsaya a Duwala ba. Gidanmu ya cika ranar da suka iso. Baba ya sa aka zaunar da shi a kan kujera a zaure, da babbar rigarsa. Da Kawu Doro ya shigo yana ɗingishi, Baba ya dube shi, ya dubi sandarsa, ya ce in gaya wa baƙon su biyu in aka haɗa za a samu mutum guda mai lafiya. Sannan ya riƙe hannunsa ya ce, "Kai ka dawo mini da ɗa. Allah ya mayar da kai ga naka." Na fassara. Kawu Doro ya sunkuyar da kai.

Kafin su tafi na kai su Lagdo su ga madatsar ruwa. Muka sauka bakin tafkin da hantsi, masunta suna fitowa da kwale-kwale, mata suna jera kifi a kan waya suna banda, hayaƙi ya rufe wurin. Ina ta bayani, sai na lura ba ya saurarona. Ya taka har inda wata mata ke juya kifi, ya tsuguna da ƙyar kusa da murhun, ya zauna a ƙasa.

"Hamza," ya ce, "ban taɓa gaya maka ba. Mahaifina masunci ne. Garinmu a bakin wani babban kogi yake, ƙasa busasshiya kamar wannan, da madatsa kamar wannan. Ƙanwata ita ke gyara kifin in ya kawo. Warin nan ne a gashinta kullum."

Matar ta ga dattijo baƙo yana hawaye a gaban murhunta. Ba ta tambayi komai ba, ta ɓare kifi mai zafi ta miƙa masa a kan takarda. Ya karɓa ya ce "Useko," kalmar godiya ɗaya da ya koya ta Fillanci. Inna Sari ta zauna kusa da shi, ta yi masa magana a hankali da yarensu. Ban ji abin da ta ce ba, na dai ga ya gyaɗa kai.

Sun koma Jawa da matasa biyu daga cikin nawa, da takardu tsaf, da sanin iyayensu. Damina ta wuce, aka shiga kaka. Wata ranar kasuwa ina tsaye ina sara wa wata mata ƙashi, wayar hannuna ta yi ƙara da lambar da ban sani ba. Baba na zaune a kan bencinsa a gefen rumfa, inda yake wuni yana yi mana gyara.

"Ɗana," in ji Kawu Doro, "ina gida, a Brazil. Ga ƙanwata, tana son magana da kai."

Sai na ji muryar wata tsohuwa, tana magana da sauri cikin yarensu, tana kuka, tana dariya, tana kiran sunana a karkace. Ban gane ko kalma ɗaya ba. "Sannu, Inna, sannu" kawai nake ta maimaitawa. Baba ya miƙo hannun hagu.

"Ba ni nan."

Ya kara wayar a kunne. Ya gaishe ta da gida, da gajiya, da baƙi. Ya saurara, ya ce "Haka ne." Ya sake saurarawa, ya ce "Wallahi kuwa. Ai yaran nan sai haƙuri." Masu sayen nama suka tsaya suna kallonsa. Sun daɗe a haka, ita da Fotugis, shi da Hausa, kafin ya yi mata sallama ya miƙo mini wayar.

"Baba, me ta ce?"

Ya gyara zaman sandarsa a tsakanin gwiwoyinsa.

"Ta ce ya rame, amma za ta kula da shi. Sallami baiwar Allah nan, tun ɗazu take jiran namanta."